Idon Hagu

Litinin, 11 ga Satumba

An fara. Ƙauye ne kusa da Landshut, a yankin Bavaria na Jamus, gidan giya na haya, ruwa tun safe.

Sunan fim ɗin ma ba zan ɓata takarda da shi ba. Manomi ya mutu, ƙauye ya taru cin abincin makoki, kowa yana ƙaryar baƙin ciki. Wai abin dariya. Aikina kuwa na kullum ne: haske ko'ina, kada inuwa ta taɓa fuskar kowa, a ga mutum daga hula har takalmi don in ya faɗi a ga faɗuwar.

Sun sa ni a tanti. Baƙin tanti a bayan kicin, da talabijin biyu da kujera mai laushi da abin magana a kunne. Saboda hannuna na dama da ya fara rawa bara, 'yan inshora sun ce kada in taɓa kyamara. Silke ce ke riƙe ta. Ta iya, ba ni da ta cewa. Ni dai in ce a ƙara haske, in ce a rage.

Talata, 12 ga Satumba

Korbi ya iso. Korbinian Haslbeck, wanda rabin Bavaria ta girma tana dariya da fuskarsa, ya shigo da sanda, wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Shekara shida rabonsa da fim. Ya leƙo tantin ya ce, "Farfesa! Ashe ba ka mutu ba?"

Na ce ina jira ya yi gaba in haska masa hanya.

"Me kake yi a nan ciki, kiwon naman kaza?"

Na ce nan ne wurina yanzu. Ya dubi talabijin ɗin, ya dubi hannuna, bai ƙara komai ba. Korbi bai taɓa barin magana ta ƙare a bakin wani ba. Na lura.

Alhamis, 14 ga Satumba

Yau na tuna da malaminmu na makarantar fim, wanda ya tsaya gaban aji ya ce ni, Ottmar Wimbauer, zan koya wa ƙasar nan yadda ake kallon duhu. Na karanta falsafa, na kwana a gidajen zane, fim ɗina na gama makaranta baƙi da fari ne, har lambar yabo ya ci. Sai aka ce in zo in yi fim ɗaya na barkwanci kafin babban aiki ya samu. Ɗaya tak.

Shekara arba'in da wani abu ke nan ina haska ƙattai masu wandon fata suna afkawa cikin taki.

Duk Lahadi da rana suna maimaita tsofaffin a talabijin. In na ci karo da su nakan kashe murya in duba haskena kawai. Ban taɓa yin dariya a wurin ɗauka ba, ko sau ɗaya. Kowa ya sani, har suna ba sababbin zuwa labari.

Juma'a, 15 ga Satumba

Fitowar Korbi ta yau ba ta samu ba.

Abu ne ɗan kaɗan. Shi ne maƙwabcin da yake wurin lokacin da manomin ya cika. Matar mamacin ta zauna kusa da shi, yana cin kek, ta ce, "Kai ne kake tare da shi. Me ya ce a ƙarshe?" Shi kuma ya daina tauna, ya dube ta, ya yi shiru, sannan ya ce, "Cewa ya yi kada in gaya miki."

Shi ke nan. Duk abin yana cikin shirun. A kan shirun nan ya gina gida biyu, har wani ya rubuta littafi a kansa.

Yau ya kasa. Ko ya faɗa kafin ta rufe baki, ko ya jira har maganar ta huce. Maren, daraktar, 'yar Hamburg ce, tana da ladabi, sai ta riƙa cewa "Na gode, Herr Haslbeck, ya yi kyau, mu ƙara ɗaya." Ya ci kek har ya fara tsartuwa. 'Yan ƙauyen da aka ɗauko su cika ɗakin, tsofaffin da suka zo kyauta don kawai su gan shi, suna ta kallon faranti.

Ina tanti ina ganin fuskarsa ƙatuwa a talabijin. Idonsa yana ta zamewa gefe, yana neman wani abu kusa da kyamara. Na ɗauka fitila ce ke damunsa. Na sa aka matsar da ita.

Asabar, 16 ga Satumba

Herr Dirscherl, furodusa, ya shigo tanti da kofi biyu. In furodusa ya kawo maka kofi da hannunsa, gawa za a nuna maka.

Ya ce Talata, 26 ga wata, za mu bar gidan giyar nan, mai gidan yana da biki. In fitowar ba ta samu ba kafin nan, akwai wani a Vienna da aka riga aka yi wa magana, za a sake komai da shi a situdiyo. "Kai abokinsa ne, Herr Wimbauer. Ka yi masa magana."

Na ce ba abokina ba ne, abokin aiki ne.

Ya ce to, in yi wa abokin aikin magana.

Lahadi, 17 ga Satumba

Na je gidan Korbi. Traudl, matarsa, ta dafa farin sosej, ta matsa mini in ci kafin agogon coci ya buga sha biyu, wai a al'adar Bavaria ba a cinsa bayan tsakar rana, kamar har yanzu wani yana duba wannan. Korbi yana kan benci a lambu da bargo a gwiwa.

Na fara da cewa wataƙila gajiya ce. Traudl ta dangwarar da tukunya ta ce, "Ka gaya masa mana, tsohon jaki. In ba ka gaya masa ba ni zan faɗa."

Ya gaya mini. Zan rubuta yadda na ji, don gobe kada in ce mafarki na yi.

Mai riƙe kyamara irin na da yana manna idon dama a maleƙi, ɗan bututun nan mai roba, ya rufe na hagu. Wani lokaci yakan buɗe na hagun ya ga abin da ke faruwa a waje. To wai ni, tun fim ɗinmu na farko, duk sanda Korbi ya yi shirunsa, idona na hagu yana rufe, sai can ya buɗe. Da ya buɗe sai ya saki maganar.

Na ce ban taɓa ba shi wata alama ba.

"Na sani, Farfesa. Ƙosawa kake yi. Kana buɗewa ka ga ko an kawo abincin rana. Ni kuma na ce, in mutumin da ya fi kowa tsanar wannan sana'a a Bavaria ya jure zuwa nan, to nan ne iyakar abin da ɗan Adam zai jure. Ko ƙiftawa ɗaya ban ƙarawa."

Silke ba ta manna ido. Ɗan talabijin take kallo a gefen kyamara, kanta a sunkuye. Ƙeyarta yake gani.

Na tambaye shi abin da bai kamata in tambaya ba. Na ce shi ya sa kowane fim sai ya ce ni yake so? Ya ce e. Na ce ba don haskena ba? Ya ɗaga kafaɗa ya ce, "Hasken ma ba laifi."

Ba laifi.

Na bar sosej ɗin a faranti.

Litinin, 18 ga Satumba

A shekarar da aka rushe katangar Berlin wani darakta ya neme ni daga can. Fim na gaske, na hunturu, na mutane masu shiru. Kamfani ya hana ni tafiya, wai Herr Haslbeck ya ce in babu Wimbauer babu shi. Har na ji daɗi a lokacin, wawa. Na ɗauka gwanintata ce ta ɗaure ni.

Ashe ƙosawata ce.

Yau Korbi ba shi da aiki. Ban kira ba.

Talata, 19 ga Satumba

To ya je ya mutu a gaban kyamara mana. Ina ruwana.

Laraba, 20 ga Satumba

An sake gwadawa da yamma bayan an gama sauran aiki. Ya fi na Juma'a muni. A ɗauka ta ƙarshe ya yi shiru, ya yi shiru, sai ya juyo ya ce wa matar da ke wasan gwauruwar, "Yi haƙuri, 'yata, me zan ce ma?" Ya san abin da zai ce. Ya gwammace a ɗauka mantuwa ce.

Wata tsohuwa cikin 'yan ƙauyen ta matso bayan an tashi, ta ce ya sa mata hannu a wani tsohon hotonsa, na lokacin yana da ƙiba. Ya sa. Ta ce, "Mijina har ya mutu in ya tuna fuskarka sai ya yi dariya har ya ƙware." Korbi ya ce, "Allah ya sa ba ni na kashe shi ba." Ta yi dariya har da riƙe ciki. Yana iyawa. Muddin babu kyamara yana iyawa.

Na tsaya a bakin tanti da abin magana a kunne kamar mai gadin mota.

Alhamis, 21 ga Satumba

Na gaya wa Maren. Ban san me ya kai ni ba. Na zaci za ta yi dariya, ba ta yi ba. Ta ce, "To ka tsaya kusa da Silke ka rufe ido ɗaya mana."

An gwada. Dattijo mai lambar yabo yana tsaye gefen kyamara, hannu a aljihu, ido ɗaya a rufe kamar ɗan fashin teku a bikin yara. Korbi ya dube ni ya ce, "Farfesa, kashe mini ido kake yi? Ina da aure."

Ɗaki ya ɗauki dariya. Sai aka ce a ɗauka, dariyar ta mutu.

Na buɗe da wuri. Sannan na buɗe a makare. Sannan na fara ƙirge a zuci, ya gane, ya ce, "Leɓenka yana motsi." Gaskiyarsa. Ban san lokacin ba. Ban taɓa sani ba. Da can idon da kansa yake buɗewa don ba na son abin da nake kallo. Yanzu ina kallonsa ina masa fargaba, ta ina ƙosawa za ta zo?

Na yi ƙoƙarin tuna abincin rana. Na yi ƙoƙarin tuna Berlin don in ji haushinsa. Sai in ga wuyan rigar nan.

Juma'a, 22 ga Satumba

Dirscherl ya wuce ni yana waya, na ji ya ce "Vienna". Ya ɗaga mini hannu da fara'a.

Lahadi, 24 ga Satumba

Traudl ta kira. Wai ya ƙi cin abinci, yana zaune gaban madubin banɗaki yana maimaita maganar shi kaɗai. "Otti, ka san ba don kuɗi ya karɓi fim ɗin nan ba. So yake jikokinsa su ga sabo, ba na lokacin da yake da gashi ba. Ka yi wani abu."

Me zan yi, Traudl? In koma ɗan shekara talatin mai raina kowa?

Ban faɗa mata haka ba. Na ce zan duba.

Litinin, 25 ga Satumba

Silke ce ta kawo shawara, ba ni ba. Ta tono tsohon maleƙi a motar kaya, ta ce za a kafe kyamarar a kan ƙafafunta, a ɗaure komai, ba sai na taɓa da hannu ba. Ido kawai zan manna. Inshora ba ta ce komai a kan ido ba.

Maren ta ba mu gobe da safe, kafin a kwashe kaya. Kek ɗaya ya rage.

Na manna ido na gwada da ɗakin babu kowa. Robar tana warin da na sani.

Talata, 26 ga Satumba

Zan rubuta a jere.

Motocin kaya suna waje, masu shirin biki sun fara shigo da furanni ta ƙofar baya. Dirscherl yana tsaye da kwat ɗinsa a jiki. Korbi ya zauna, ya dubi wajena, ya ga rabin fuskata a bayan kyamara, ya ce, "Yawwa. Ga munin da na saba."

Ɗauka ta farko na buɗe da wuri. Ta biyu ma. Maren ta ce, "Ɗaya ta rage mana, jama'a."

Na manna ido, na rufe na hagu, na ce a raina ba zan ƙirga ba, duk abin da zai faru ya faru.

Matar mamacin ta yi tambayarta. Ya daina tauna. Ya dube ta.

Shekara arba'in ina duba inuwar hancinsa, da ƙyallin goshinsa, da ko kunnensa ya fita daga hoto. Yau kyamara a ɗaure, haske an gama, ba ni da abin dubawa. Sai na dubi mutumin. Kek cike da kumatu ɗaya. Yana so ya haɗiye, yana tsoron kada haɗiyar ta zama amsa. Girarsa ɗaya ta fara hawa a hankali kamar tana neman hanyar gudu ita kaɗai. Idonsa ya je kan faranti, ya je ƙofa, ya dawo kanta, ya ga har yanzu tana nan. Ashe abin da yake yi ke nan duk shekarun nan.

Na manta da idon hagu. Na manta sam.

Shi kuma yana jira. Yana jira, girar tana hawa, ɗan ɓarɓashin kek ya maƙale a leɓensa yana rawa. Shirun ya wuce inda ya saba tsayawa, ya wuce inda mai hankali zai tsaya, shi bai saki ba don ban buɗe ba. Sai wani abu ya taso mini daga ciki. Na danne. Ya fito ta hanci, da ƙara irin ta alade. Dariya. Goshina ya daki kyamara, ta karkace, hoto ya koma rufin ɗaki da ƙahon barewar da ke bango.

A daidai nan ya faɗa. "Cewa ya yi kada in gaya miki." Ban taɓa jin ya faɗi wani abu daidai haka ba.

Ɗakin ya fashe. Tsofaffin nan suna dukan tebur, mai riƙe sandar murya ya zauna a ƙasa, Maren ta rufe fuska da takardunta. Ni ina durƙushe ina riƙe da ƙafar kyamara, hawaye yana zuba, na kasa tsayawa.

A hoton kuwa babu komai sai ƙahon barewa.

An roƙi Dirscherl ɗauka ɗaya. Ya bayar, don a yi masa adalci. Ba ta yi ba. Da na manna ido sai dariyar ta dawo, shi kuma ya gaji, kek ya ƙare. Maren ta ce "Na gode" a hankali, masu furanni suka shigo.

Ni na kashe masa aiki. Damar ƙarshe, an samu abin da ake nema, ni na kifar.

Na same shi a waje kan benci, Traudl tana sa masa kwat. Na buɗe baki in ba da haƙuri. Ya ɗaga sanda ya nuna ni, ya ce wa Traudl, "Kin ji shi? Kin ji ƙarar?" Ta ce duk ƙauye ya ji. Ya ce, "Kamar alade, Traudl. Farfesa. Kamar alade." Fuskarsa ta yi ja, yana haki, ta ce ya yi a hankali da zuciyarsa.

Na ce, Korbi, sun cire ka.

Ya ce, "Na sani mana. Kawo hannu ka tashe ni."

Na ba shi na daman, mai rawar. Ya kama ya miƙe.

Juma'a, 29 ga Satumba

Mutumin Vienna ya zo. Ya iya aikinsa. Ɗauka biyu aka yi aka wuce. Ina tanti.

Laraba, 4 ga Oktoba

Maren ta ce za ta sa ɗaukar tamu a ƙarshen fim, inda ake jera kurakurai sunaye suna hawa, mutane suna neman jakunkunansu. Fuskarsa har zuwa inda na daki kyamara, sannan ƙaho, da muryarsa, da tawa. Ta nemi izinina saboda ƙarar. Na sha faɗa cewa wannan al'ada ta nuna kurakurai ita ce ƙarshen lalacewar sana'a.

Na ce ta tambayi Korbi. Ta ce shi ya kawo shawarar, har ya ce a rubuta sunana a ƙasa da manyan baƙaƙe.

Tsohon banza.

Lahadi, 8 ga Oktoba

Ruwa. Bayana yana ciwo. Traudl ta ce yana cin abinci, yana damun kowa, ya kira jikokin ɗaya bayan ɗaya ya kwaikwaya musu ƙarar.

Da rana sun maimaita wani tsoho namu, wanda Korbi yake ɗan sandan ƙauye. Hasken ɗakin cocin ya yi yawa, tun a lokacin na faɗa. Akwai wurin da limamin cocin ya tambaye shi ina kekensa, ya yi shiru. Na san ina bayan kyamara a lokacin, ina tunanin abinci.

Ban kashe muryar ba. Rimot ɗin yana can kan tebur, kuma bayana yana ciwo.